Yadda Ubanku Ya Raba Maza da Mata a Garkata

Ku matso nan, ku ajiye tarho. Kai Babba, na san daga Tawa ka taho, amma gajiya ta jira sai an gama magana. Imrana, ja ƙyauren zaure, kada ubanku ya jiyo mu ya shigo ya amshe mani bakin zance. Shi in ya fara bayani sai rana ta faɗi bai kai tsakiya ba. Bushira, ke kin fi kowa tsaya mashi, saboda haka gabana za ki zauna in riƙa kallon idonki. Ban kira ku don ƙafata ba, ƙafa ta warke. Garkata ce ba ta warke ba.

Kun san garkar: fangali goma sha biyu ƙasan baraji, madatsar ruwan nan, shida gabas da rijiya, shida yamma. Ba gado na yi ba, ba kuma kyauta anka ba ni ba. Zamanin furoje, aikin raya ƙasar nan, da anka tashi tare ruwan tsauni, shekara uku ina ɗaukar duwatsu bisa kaina da Imrana goye a baya, har gashin tsakar kaina ya tahi bai dawo ba. Da anka raba ma mata fili, wanga ya faɗo hannuna. Nan kunka ci, da kuɗinta kunka yi lakwal, karatun boko. Ubanku lokacin shina Abijan neman arziki. Ya dawo da radiyo guda, da tabarau guda, da labarin da har yau bai ƙare ba. Tun daga ranar taubashinshi Yaƙubu ya sa mashi suna Dirakta, shi ko ya ɗauka girmamawa ce.

Bana, ƙarshen damina, ya tahi kasuwar Ƙwanni ya dawo da ɗiyan ayaba uku cikin buhu, da jiƙaƙƙar ƙasarsu a gindi. Na ce, «Ayaba a nan ƙasar Adar?»

Ya ce, «Abin da ya hana ma Adar ayaba rashin kai ne, ba rashin ruwa ba.»

Ya dasa su bakin rijiyata. Sati biyu sunka bushe kamar tsohuwar igiya. Ayaba ta tahi, amma ta bar mamu baƙi.

Wata safiya na iske shu ɗina, wato kabeji, duk huji, salati kamar an bi shi da almakashi, ga wani yauƙi mai ƙyalli ya bi ƙasa kamar majina. Na ɗaga ganye, sai ga abin. Dodon koɗi ne, amma ba mai gida a baya ba. Wanga tsirara shike yawo, ga ƙaho biyu, ga santsi. Cima, wadda garkarta ke jingine da tawa, ta leƙo ta ce, «Wanga ko wando bai samu ba,» ta sa mashi suna Ɗan-tsirara.

Ban yi lakwal ba, amma ina da ido. Kwana uku na gane halinshi. Rana maƙiyiyarshi ce, laima uwarshi. In ƙasa ta bushe ba shi iya tahiya. Sai na daina ban-ruwan marece na koma na safe. Na zagaye ɗiyan shuka da toka. Na shimfiɗa tsofaffin buhunna jiƙaƙƙu tsakanin fangali, bayan sallar asuba in ɗaga su in iske mutanen sun taru ƙasa suna hutu, in kankare su cikin ƙwarya in kai ma kaji. Saura kaɗan in ga bayansu amalanken jaki ya kife da ni a gangaren kasuwa, ƙafa ta karye, maɗori ya ce wata biyu kada in taka ƙasa.

Ranar ubanku ya tsaya bisa kaina, ya gyara tabarau.

«Ki kwanta ki huta. Garka ta shigo hannun masana.»

Na ce, «Ka dai ɗaga buhu da safe ka ba kaji. Shi ke nan aikin.»

«Wanga aikin mata ne. Ki kashe goma yau, gobe ashirin su taho ta'aziyya. Ni zuriyar zan yanke.»

«Da mi?»

«Da ilimi.»

Da na ji kalmar ilimi ta fito bakinshi, na ce a riƙa ɗora ni bisa amalanke kullum ana kai ni garka. Anka shimfiɗa mani tabarma gindin itacen bedi, ƙafa ɗaure da karare, sanda gefe. Duk abin da zan faɗa maku da idona na gan shi.

Ya gina rami biyu, guda can ƙarshen gabas, guda can ƙarshen yamma. Ya zauna da ƙwarya cike da Ɗan-tsirara, da tsinke a hannu, shina ɗaga su ɗaya ɗaya shina dubawa. Yaƙubu ya biyo ta wurin da jakinshi, ya tsaya bakin darni.

«Dirakta, ƙidayar jama'a ake yi?»

«Rabo nike. Kai da ka yi kiwo, in ba ka son tumaki su haihu, mi ka ke yi?»

«In ɗaure rago nesa.»

«To ka ga kai ma kana da ɗan kai. Maza gabas, mata yamma. Ba haɗuwa, ba ƙwai. Su tsufa su mutu ba magaji.»

«Ƙaƙa ka ke gane namiji?»

«In na taɓa ƙaho da tsinke, wadda ta janye da sauri mace ce. Kunya gare ta.»

«Wanda bai janye ba fa?»

«Namiji ne.»

Yaƙubu ya miƙa hannu ya ɗauki ɗaya daga cikin mazan ya shinshina. «Wanga namijin naka tun jiya ya rasu.»

Daga gindin bedi na ce, «Tunda kana riƙe da su, ba ka ba kaji mu huta?»

Ya ce, «Kisa kowa ya iya. Mahauci ma shina kisa. Ni so nike a gani da ido, a rubuta cikin kaye, littafin 'yan lakwal, a faɗi a radiyo cewa wani mutum a ƙasar Keita ya ƙare ƙwari ba tare da magani ba.»

Ramin gabas ya sa mashi suna kason maza, wato kurkukunsu, na yamma kason mata. Kuma kada ku ɗauka fursunonin sun sha wuya. Kada su mutu kafin ranar shaida, kullum da marece sai ya zuba masu ruwa, ya tsinko ganyen shu mafi kyau ya jefa masu, ya rufe su da jiƙaƙƙar tabarma don rana. Ya kwashe tokata ya ce ƙazanta ce. Ya maida ban-ruwa marece, wai haka ya ga ana yi Abijan. Shekara arba'in da ɗaya ina gidanshi, ko ranar da na haifi Babba ban ga irin wagga kulawa ba.

Sati huɗu, sai ga ƙanana kamar ƙwayar shinkafa suna fitowa daga ramin yamma. Ya duƙa ya daɗe shina kallo.

«Da ciki sunka shigo,» in ji shi.

Kwana biyu, ga su nan suna fitowa daga ramin gabas.

Cima ta dafa darni ta ce, «Barka da arziki, Dirakta. Mazan sun sauka lafiya? Yaushe suna?»

Bai yi dariya ba. Ya ce akwai maci amana. Wata mace ta tsallaka gabas, ko kuma wani ya tsallakar da ita. Ya dube ni.

Na ce, «Ni da ƙafa guda?»

«Ban kama suna ba.»

Washegari ya sayo zana bakwai ya raba garkata biyu daidai bakin rijiya. Ya gina ma zanar gindi, ya toshe da laka. Zana ta tare rana, gindinta ya zama inuwa mai laima tun safe har marece. Ɗan-tsirara ya samu zauren hira. Yaƙubu ya taho ya ga suna hawan zanar daga gabas suna sauka yamma, wasu daga yamma suna sauka gabas, ya ce, «Ka sa masu jandarma bisa iyaka, Dirakta, su riƙa tambayar takarda.»

Daga nan sai tarko. Wani direban kamiyo ya gaya mashi wai nasara da giya suke kama su, ƙamshin ke jawo su su faɗa su nutse. Ubanku ya ce shi musulmi ne, zai yi na halal. Ya kwashi ƙullun gerona, ya zuba sukari, ya roƙo yis wurin mai burodi, ya cika gwangwanin tumatir ashirin, ya binne su bakinsu daidai ƙasa. Gaskiya ɗaya zan faɗa, ko da ba ta yi mani daɗi: abin ya kama. Safiya ta fari kowane gwangwani da gawa biyar, shida. Amma ubanku bai zubar ba, bai canza ba. Ya ce in ya ƙara tsami zai ƙara ƙarfi. Kwana huɗu cikin rana, wari ya tashi har hanyar masallaci.

Akuyar Cima, waccan ja mai kunne guda, ta fasa darni ta shanye gwangwani tara. Ta fito tana tahiya a karkace, ta tsaya tsakar hanya tana yi ma jakin Yaƙubu kuka, ta tunkuyi turmi, ta kwanta ƙafa sama daidai lokacin da mutane ke fitowa sallar azahar. Liman da kanshi ya biyo warin har garka, hannun riga bisa hanci.

«Uban Babba, mi ake dafawa nan?»

«Tarko ne, Allah gafarta malam.»

«Tarkon wa?»

«Na dodon koɗi.»

«To ya kama akuya.»

«Ai ba don sha na yi ba.»

«Ita ma akuyar ba ta ce don sha ka yi ba. Zubar da shi yanzu, ina tsaye.»

Ya tattara gwangwanayen ya juye su duka wuri guda, gindin zanar nan tashi ta iyaka. Duk wani Ɗan-tsirara da ke garkata, da na garkar Cima, da na garkar da ke bayanta, ya ji an kira walima. Cima ta ce ita dai ta yafe zancen akuya, tunda ƙwarinta sun yi ƙaura zuwa wurina.

Kuna tsammani nan zai tsaya? Ranar kasuwa ya hau kabu-kabu ya tahi Keita, ya shiga biron masu aikin gona, ya ce ma malamar gona ya gano dabarar da ba ta cikin littafinsu. Malamar yarinya ce mai hankali, A'isha sunanta, ita ke zagaya garake tana duba shuka. Ta ce za ta taho ta gani. Shi ko ya bi gida gida shina gayya. Ya gayyaci maigari, ya gayyaci matan ƙungiyar garka na ƙauye uku. Ya sa an wanke babbar rigarshi ta sallah.

Na ce, «Ka leƙa ramin kafin su taho.»

Ya ce, «Mai ilimi ba shi leƙen tukunya. Ya san abin da ya zuba.»

Ranar Talata da hantsi garkata ta cika. Wanda bai samu wuri ba ya hau darni, samari sun ɗaga tarho. Imrana, ka ce har can Agadas an turo maka hoton, to ga abin da tarhon bai ɗauka da kyau ba. Ubanku ya yi jawabi. Ya fara daga Abijan. Ya bi ta kan tumaki. Ya ce yau wata biyu ba kwana uku maza na gabas, mata na yamma, in an buɗe za a iske tsofaffi ƙalilan suna jiran ajali. Ƙananan da ake gani cikin fangali, in ji shi, baƙi ne daga garkar Cima.

Cima ta ce, «Nawa masu tarbiyya ne, sun san gidansu.»

Ya kama gefen tabarmar kason maza ya yaye.

Ɗiyana, na ga tururuwa, na ga fara shekarar da ta cinye gero, ban taɓa ganin taro irin wanga ba. Ramin ya cika ya tumbatsa, manya bisa ƙanana, ƙanana bisa manya, bayan tabarmar kamar an shafa mata miyar kuɓewa. Matan gaba sunka ja da baya suna tattare zane. Maigari ya ɗaga ƙafa guda.

Malamar ta duƙa, ta tona gefen ramin da tsinke, ta ɗebo wasu ƙwayoyi farare masu haske kamar jiƙaƙƙen tsaki, ta nuna ma jama'a bisa tafin hannu.

«Wanga ƙwansu ne. Baba, wane rami ne wanga?»

«Na maza.» Muryar ta ɗan sauka.

«Baba, dodon koɗi ba shi da namiji daban, mace daban. Kowane guda namiji ne kuma mace ne. Duk biyun da sunka haɗu, kowannensu na iya zuba ƙwai. Abin da suke nema laima ce, da inuwa, da ɗanyen ganye.» Ta dubi tabarma, ta dubi ganyen shu, ta dubi zana. Yarinyar kirki, ba ta ƙarasa ba.

Yaƙubu ya ƙarasa mata. «Ashe ɗakin amarya biyu ka gina, Dirakta, har da gara.»

Ubanku ya ce, «Wanga a lakwal ɗinku ne. Nan Adar ba a yin wagga rashin kunya.»

Ta ce, «Ai da wuya ma a gan su ƙasarmu mai tsandauri. Galibi cikin ƙasar dashe suke tahowa daga kudu. Akwai wanda ya kawo dashe daga nesa?»

Mata sittin sunka juya sannu sunka dubi kututturen ayaba uku bakin rijiya.

Malamar ta tambaya wa ya shimfiɗa buhunnan da ta gani jibge gefe. Na ɗaga sanda. Ta ce, «Inna, naki shi ne daidai, shi nike koya ma mutane. Tarkon ƙullu ma shina aiki in ana canza shi kullum.»

Liman ya yi gyaran murya ya dubi sama.

Da ubanku ya tsaya nan, da dariya kawai za a yi, ta kwana biyu ta wuce. Amma mutum ne da bai iya barin fili da kunya ba. Ya ce, «Duk wanga gwaji ne. Maganin gaske shina nan.» Ya faɗa bukka ya jawo buhun gishirin tumakina, wanda na ajiye na rani duka. Ya yanke bakin, ya watsa cikin rami. Ɗan-tsirara ya fara kumfa shina narkewa, don jikinshi ruwa ne, gishiri ko shanye ruwa shike. Yara sunka yi sowa. Sowar nan ita ta kashe ni. Ubanku ya ji an yaba, ya rungumi buhu ya bi fangalin gabas shina watsi da hannu biyu kamar mai shukar ridi.

Malamar na bin shi tana cewa, «Baba, tsaya, gishiri na kashe ƙasa. Baba, shukar ma za ta mutu.»

Ya ce, «Sai a wanke.» Ya ja igiyar motapom, injin ban-ruwa, ruwa ya kwaso gishirin ya bi kowane lungu, ya shiga inda hannunshi bai kai ba. Sannan ya saɓa sauran buhun ya nufo ƙofar zana, zai shiga yamma.

Maɗori ya ce saura kwana uku in taka ƙasa. Ban jira shi ba. Ban san sa'ad da na miƙe ba, sai gani na yi tsaye bakin zana, sanda gicciye, Cima kuma ta toshe hanyar ruwa da ƙafarta da laka.

Na ce, «Nan ɓangaren mata ne. Kai ka kafa dokar.»

Ya dubi sandar, ya dubi jama'a. Ya ajiye buhu ya ce dama nan ya yi niyyar tsayawa.

Kwana uku shu ɗin gabas ya yi rawaya ya kwanta. Yanzu in kunka je za ku iske ƙasar ta yi fari kamar an barbaɗa gari. Malamar ta ce sai damina ta wanke ta, wataƙila biyu, kafin ta sake karɓar iri. Fangali shida. Na san kowane dutsen da na ɗauka kafin a ba ni su. Na yamma na koma masu da buhuna da tokata da kajina, sati uku na share baƙin, salati ya fara murmurewa.

To ga abin da ya sa na tara ku. Shekaranjiya ubanku ya shigo da kaye a hannu. Ya ce ya yi nazari, kuskuren guda ne: ƙasar gabas dama ba ta da ƙarfi. Ya ji labarin agwagi na cin dodon koɗi. Ya yi magana da wani mutum a Madawa zai kawo mashi talatin, shina so in buɗe mashi yamma ya sake su cikin salatina su yi kiwo. Na ce babu sauran dodon koɗi a yamma. Ya ce ba komi, ai ya ajiye irinsu cikin tulu bayan rumbu, don gwaji.

Ni ban kai ƙara wurin maigari ba, don ubanku ne, kuma an yi mashi dariyar da ta isa. Ku na kira. Ba na neman a biya ni, ba na neman ya ba ni haƙuri, na san wanga sai ranar da ayaba ta yi ɗiya a Adar. Abu guda nike so, kuma ba dabarata ba ce, tashi ce. Shi ya tsaya gaban jama'ar ƙauye uku ya ce maganin ɓarna a raba maza da mata. Zanarshi na nan tsaye, ban taɓa ko kara guda ba. Gabas ta maza ce, ya riƙe, da gishirinta da kututturen ayabarta, ya zuba agwagi ko raƙuma. Yamma ta mata ce, ku sa mata ƙyaure da kwaɗo, makulli a bakin zanena. Ga dodon koɗi dabarar ba ta ci ba, amma ni da ubanku an san wane ne wane.

Imrana, buɗe zauren, na ga inuwar tabarau ƙasan ƙyaure tun ɗazu. Babba, kai ne babba, ka fara. Ku yanke mamu wagga magana yau, kafin motar Madawa ta iso. Ke kuma Bushira, tashi ki ɗauko tulun nan bayan rumbu ki kai ma kaji.